Tukunyar Biri a Yalwawa

Yalwawa, Dutse
Fabrairu, 2025

Zuwa ga Yayan Fiddausi,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ina fatan kana cikin ƙoshin lafiya, kana kuma tsare sallarka a kan lokaci a can Malesiya. Mu nan lafiya lau, sai gwiwata ta hagu da ta saba. Fiddausi ta zo daga Jahun ranar Juma'a da yaranta, sun cika mini gida da hayaniya sun koma. Kada ka sake tambayata dalilin da ya sa nake rubutu a takarda in ɗauki hotonta in turo maka. Maganar waya wucewa take yi. Ta takarda kuwa kana iya komawa kanta ka sake jin kunya.

Ga labarin amanarka. Tsirran nan uku da ka ɗauko daga jami'ar nan ta Dutse ka ajiye mini a ƙarƙashin rumfa, wai a can ba mai kula da su, suna nan da ransu. Ina ba su ruwan saman da ka tara a duro kamar yadda ka ce. Amma gaskiya ba na son halinsu. Na zauna na lura da kyau. Kowane ganye yana ƙarewa da wata 'yar igiya, a bakin igiyar sai ga ɗan tulu mai murfi, ja da kore, kamar an yi masa lalle. Bakin tulun yana fitar da zaƙi. Kiyashi ya zo neman abincinsa, ya lasa, ya zame ciki, shi ke nan. Duk mai kiran baƙo da zuma don ya cinye shi ba na kirki ba ne, ko da a cikin itatuwa yake. Mahaifinka, Allah ya jiƙansa, gero da dawa ya noma a Buji, abin da ke ciyar da mutane. Kai ka ƙetare teku don karatun abin da ke cin ƙwari.

Na kuma tarar da ruwa kwance a cikin tulunan. Duk shekarun da na yi ina koyarwa a firamare, babu yaron da bai ji daga bakina cewa kwantaccen ruwa gidan sauro ne ba. Na tuntsurar da su duka. Ba sai ka gode mini ba.

Saura magana ɗaya. Fiddausi ta ce malaminka na can ya yi maka tayin aiki, ka zauna gaba ɗaya idan ka gama. A bakin ƙanwarka na ji. Haka aka koya maka? Batun aikin kuwa, kai ba yaro ba ne. Ban riƙe ƙafar kowa ba. Inda ka ga alheri ka zauna.

Ka rage shan abin sanyi.

Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya


Kuching, Malesiya
Fabrairu, 2025

Zuwa ga Hajiya,

Wa alaikumus salam. Na samu wasiƙarki, na kuma ji kunya sau biyu kamar yadda aka tsara. Yaya gwiwa? Allah ya ƙara sauƙi. Ni lafiyata ƙalau. A yi mini afuwa kan maganar aikin, so na yi ta nuna kafin in kawo miki.

Hajiya, don Allah kada a sake zubar da ruwan tulunan. Tsiron ne da kansa yake haɗa shi, da shi yake narkar da ƙwarin da ya kama. Tulun nan shi ne cikinsa. Sauron zazzaɓi kuma kududdufi yake nema ya yi ƙwai. A ɗiga ruwan duro kaɗan a kowane tulu kada su bushe.

Kin ce mugu ne, bari in kare shi. A inda yake fitowa ruwan sama na sauka kusan kullum, ya wanke ƙasa tas, saiwa ba ta samun abin ci. Yunwa ce ta sa ya koma neman abinci ta ganye. Kuma ba kowane kiyashi yake kamawa ba. Da rana idan bakin tulun ya bushe, kiyashi yakan sha zaƙin ya koma lafiya ya kira 'yan uwansa. Sai bakin ya jiƙe sannan yake yin santsi. A kan duwatsun nan ma akwai wani iri da wata 'yar dabba mai kama da kurege take zuwa ta lashi murfinsa, ta yi kashi a cikin tulun, wannan ne abincinsa. Wani irin kuma jemage ke kwana a ciki. Mutanen nan tukunyar biri suke ce masa.

Abu biyu ke kashe shi: taki da ruwan burtsatse. Saiwarsa ba ta saba da gishirin da ke cikinsu ba, ƙone ta suke yi. Shi ya sa na shuka su a ɓawon kwakwa da wankakken yashi. Idan duro ya ƙare, ruwan da ke ɗiga daga esi, na'urar nan ta sanyaya ɗaki, ya yi daidai da na sama. Maƙwabciyarki Maman Promise tana aiki a sakatariya, akwai su a ofishinsu.

Ga yadda muka yi da malamin nawa, Farfesa. Ya ce wannan aiki ba zai yiwu a Dutse ba, iskarmu ta cika bushewa. Na ce zai yiwu. Muka tsaya a kan cewa idan ko ɗaya daga cikin ukun ya ƙetare bazara ya fitar da sabon tulu, zai tsaya mini in buɗe ɗakin renonsu a jami'armu, in dawo gida. Idan sun mutu, ba abin da zan zo in yi, sai in karɓi aikinsa. Yana jiran amsa kafin Babbar Sallah. Tunda kin ce ba ki riƙe ƙafar kowa ba, hankalina ya kwanta, duk yadda ta kasance ba za ki damu ba.

Jibi za mu shiga daji, kuma can babu layin waya. Za a daɗe ba a ji ni ba. A sa ni a addu'a.

Ɗanki,
Izzuddeen


Yalwawa, Dutse
Tsakiyar azumi

Zuwa ga Yayan Fiddausi,

Assalamu alaikum, barka da shan ruwa. Ina fatan daji bai zama maka hujjar wasa da azumi ba. Wanda ka sha ka riƙe lissafinsa ka rama. Mu lafiya, sai zafi. Duwatsun garin nan suna ɗaukar rana tun safe su yi ta huro mana ita har bayan magariba.

Na karanta kariyar da ka yi wa tukunyar birinka. Wato yana barin na farko ya koma ne don ya kawo masa dangi. Ka zo wanke shi ka ƙara masa laifi. Labarin dabbar nan mai kashi kuwa, kada ka sake rubuta mini irinsa.

Tsirranka ba su da daɗi. Ganyen ya fara zama ruwan ɗorawa daga gefe, tulunan suna bushewa daga murfi zuwa ƙasa, sabon ganyen da ya fito kuma igiyarsa ba ta ɗauko komai ba. Ni 'yar manoma ce, na san yunwa idan na gan ta. Ka ce kada a sa taki. Na ji. Amma tun da nake ban taɓa ganin shukar da taki ya yi wa sharri ba, kuma ba a gidana za a ce wani abu mai rai ya kwana da yunwa a watan azumi ba. Na ɗebo kashin awakina da ya ruɓe tun bara, na daka, na barbaɗa wa guda biyu. Duro ya yi ƙasa sosai, don haka su biyun ina ba su daga randata. Ruwan burtsatsen da nake sha, ni da na haife ka, ba zai fi ƙarfin ciyawa ba.

Na ukun na bar shi a kan tsarinka, da sauran ruwan duron, don idan ka fito ka ga bambanci da idonka ka san ba komai ne ke cikin littafi ba.

Batun Maman Promise ka bar shi. Shekara da shekaru muna katanga ɗaya ban taɓa aikawa neman ko gishiri ba. Ba zan fara da fitsarin inji ba.

Kada ka ɗauka don yarjejeniyarku da Farfesa nake wannan. Amana ce, kuma za a tambaye ni a kanta.

Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya


Yalwawa, Dutse
Afrilu, 2025

Zuwa ga Yayan Fiddausi,

Assalamu alaikum. An yi Sallah lafiya, ba mu ji daga gare ka ba. Ko kana daji ko ka fito ka zaɓi yin shiru, Allah ne ya sani. Gwiwa tana nan.

Biyun da na sa wa taki sun mutu. Ganyensu ya yi baƙi kamar an babbaka, na tumɓuke ɗaya na ga saiwar ta ruɓe. Takin ne da ruwan randa, kuma ni na sa. Ba na koya wa yara faɗin gaskiya sannan in zo in ɗora wa rana laifi. Ka yi gaskiya a wannan. Kada ka saba.

Saura ɗaya, shi ma ba tulu ko guda a jikinsa, kuma duro ya ƙare. Na ɗauki mayafina na shiga gidan Maman Promise. Tana ganina ta miƙe tsaye da tsintsiya a hannu.

Ta ce, "Hajiya! Yau ke ce a gidana? Lafiya dai?"

Na ce ruwan esin ofishinsu nake so. Da na yi mata bayani ta yi dariya har ta zauna a kan turmi.

Ta ce, "Ina kai miki shinkafar Kirsimeti, kina aiko mini naman Sallah, ba ki taɓa tako ƙafarki nan ba. Yau sai don fulawa?"

Na ce, "Ba fulawa ba ce, tukunyar biri ce."

Ta ce, "To birin fa, yana ina?"

Na ce, "Yana Malesiya."

Matar nan ta san maƙwabtaka. Ta jera bokitai a ƙarƙashin esin ofishinsu, idan an tashi ta juye a jarka ta sako a adaidaita. Shugabansu ya tambaye ta na mene ne, ta ce na wani mara lafiya ne a unguwarsu. Na ce mata ƙarya ba kyau. Ta ce, "Hajiya, je ki dubi ganyen nan ki dawo ki ce mini lafiyarsa ƙalau." Ranar da aka ɗauke wuta kuwa esi ba ya ɗiga, sai mu yi tattalin na jiya. Ni nake tarar adaidaitan a bakin titi in ɗauko jarkar, ba zan haɗa mata ɗiba da dako ba.

Ka ce Farfesa ya ce iskarmu ta cika bushewa. Na duba gidan nan kaf, inda iska ke da laima guda ɗaya ne: lungun randuna, inda nake jiƙa yashin da suke zaune a kai. Can na mayar da shi, tsakanin randa biyu, yana samun ranar safe kawai. Na rataya tsofaffin zannuwana a gefe ina jiƙa su safe da azahar da la'asar. Zannuwan da yashin da ruwan burtsatse nake jiƙawa, amma ko ɗigo ba ya taɓa tukunyarsa, kada ka tayar da hankalinka. Na kuma kwarara masa ruwan esi har ya fita ta ƙasa, ko akwai wani gishiri ya tafi.

Jiya na ga sabon ganye ya buɗe, kore shar. Ba na ce komai ba tukuna.

Na sake faɗa maka, amana nake tsarewa. Ka amsa wasiƙa idan an rubuto maka, wannan tarbiyya ce.

Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya


Kuching, Malesiya
Mayu, 2025

Zuwa ga Hajiya,

Assalamu alaikum. Jiya muka fito daga daji, ruwa ya cinye hanya ya tsare mu. Na tarar da wasiƙunki biyu. Lafiyata ƙalau, azumin da na sha kuma na fara ramawa.

Kada ki damu da biyun da suka mutu. Laifina ne da na ɗora miki wannan kaya. Na kira Fiddausi, ta ce gwiwarki ta kumbura har sallah a zaune kike yi, saboda ɗaukar jarka daga bakin titi, kuma kin hana kowa ya taya ki. Hajiya, don Allah ki bari. Tsiron da ya rasa tulunansa duka a watan Afrilu da wuya ya sake yin wani kafin ruwa ya sauka. Ki bar shi ya bi 'yan uwansa. Farfesa ya yi tafiya, idan ya dawo mako mai zuwa zan gaya masa na karɓi aikin.

Zan faɗi wani abu, a yi mini haƙuri. A Buji na girma wajen kakata Inna, kuma har yau ban taɓa jin sunana a bakinki ba. Na san alkunyar ɗan fari ce, ba ƙorafi nake ba. Amma kin rubuta cewa ba ki riƙe ƙafar kowa ba, kin kuma rubuta sau biyu cewa amana kawai kike tsarewa. To na sauke miki amanar. Ba zan bari ki lalata ƙafarki a kan dawowar da ni kaɗai nake so ba.

A gode wa Maman Promise.

Ɗanki,
Izzuddeen


Yalwawa, Dutse
Ƙarshen Mayu, 2025

Zuwa ga Yayan Fiddausi,

Wa alaikumus salam. Alhamdu lillahi da ka fito lafiya. Gwiwa tawa ce, ba ta Fiddausi ba, kuma za ta ji daga gare ni kan yawan baki.

Wa ya ba ka ikon cewa a bar shi ya mutu? Tukunyar taka ce, ran da ke ciki ba naka ba ne. Kuma tun yaushe aka fara yanke hukunci daga Malesiya a kan abin da ke lungun randunana?

Ka buɗe hoton da ke biye da wannan takarda. Ganyen nan da na gaya maka, bakin igiyarsa ya kumbura kamar ƙwayar wake. Ban rubuta maka ba don ba na shelar abin da bai tabbata ba. Ya zama kamar gyaɗa, ya zama kamar babban yatsana. Ranar Talata da safe na je ɗibar ruwan alwala na tarar murfin ya ɗaga. Bakinsa ja wur, yana ƙyalli, da ruwansa a ciki wanda ba ni na zuba ba. Ban tuntsurar ba. Kafin azahar kiyashi ya yi layi. Maman Promise ta leƙa ta ce, "Hajiya, jaririnki ya fara cin abinci," ta rangaɗa guɗa irin tasu har awaki suka firgita. Ganye na biyu ma igiyarsa ta fara nauyi.

Ka gaya wa Farfesanka hadari ya taso sau biyu ya watse, ko ɗigo bai sauka a Dutse ba tukuna. Kada ya ce damina ce ta yi aikin.

Har yanzu ban ce halin tsiron nan yana da kyau ba. Mayaudari ne. Abin da na yarda da shi kawai shi ne, wanda aka halitta a kan kaɗan, idan ka cika masa sai ka ƙone shi.

Yanzu maganarka ta ƙarshe. Ka ce kai kaɗai kake so. Kai da kake kallon ganye ka gane yana jin ƙishi, ka kalli bakin tulu ka san ko zai yi santsi, duk ba su taɓa ce maka uffan ba. Sai uwarka ce ba ka iya karantawa sai ta faɗa da baki? Mace mai ciwon gwiwa ta shiga gidan da ba ta taɓa shiga roƙo ba, tana dakon jarka da rana tsaka, saboda ciyawar da ba ta ƙauna. Kai mai digiri biyu, me ka ɗauka wannan yake nufi? Ba zan faɗa ba, kuma ba za ka sa ni in faɗa ba. Uwata ba ta faɗa wa yayanmu ba, kuma bai taɓa ɓata hanyar gida ba.

Alkawari kuka yi a kan tulu ɗaya. Ga shi nan. Mutumin kirki ba ya tashi daga maganarsa. Ka dawo.

Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya


Kuching, Malesiya
Yuni, 2025

Zuwa ga Hajiya,

Assalamu alaikum, barka da Sallah. Na karanta. Wannan karon ban ƙirga sau nawa na ji kunya ba. A yafe mini.

Na nuna wa Farfesa hoton. Ya cire tabarau ya mayar, ya tambayi mene ne waɗannan manyan tukwanen na gefe. Na yi masa bayanin randa, yanzu so yake ya zo ya gani da idonsa. Ya cika alkawarinsa. In Allah ya yarda a watan Agusta ina gida. Me zan taho miki da shi?

Ɗanki,
Izzuddeen


Yalwawa, Dutse
Yuni, 2025

Zuwa ga Yayan Fiddausi,

Wa alaikumus salam. Allah ya kawo ka lafiya. An yi ruwan farko, duro ya kusa cika, gwiwa ta huta. Tuluna sun zama uku.

Ba na buƙatar komai. Ka taho wa Maman Promise da yadi mai kyau, kada ka sayo mai arha. Jami'a kuma ka nema mata wasu tsirran, wannan ba zai bar lungun randunana ba.

Maman Promise ta ce abin da aka sha wa irin wannan wahala ya kamata a raɗa masa suna, wai a sa masa naka. Na ce mata idan aka yi haka da wane baki zan kira shi? Ba ta ji ba, ta sa masa. Kullum da safe sai ta leƙo ta katanga ta kira shi da ƙarfi ta tambayi yadda ya kwana. Ita ke kira, ni ina ba shi ruwa.

Ka yi aski kafin ka taho.

Mahaifiyarka,
Halimatu Sa'adiya